Darasi: Alizanda Kastalski, Mai Tsara Waƙoƙin Coci

A cocin Otodoks na Rasha ba a kaɗa kayan kiɗa; muryoyin mawaƙa kaɗai ake ji. An haifi Alizanda Kastalski a Mosko a 1856, lokacin da waƙoƙin cocin suka koma kwaikwayon salon Italiya da Jamus, aka yi sakaci da tsohon karin waƙar Rasha. Tun daga 1887 yake koyarwa a makarantar mawaƙan coci ta Mosko. Can ya nazarci tsofaffin waƙoƙin, ya sake tsara su domin muryoyi da yawa, aikin da ba ƙarami ba ne. Bayan juyin juya halin 1917, sabuwar gwamnati ta raba makarantar da coci. Kastalski ya koma nazarin waƙoƙin gargajiya, har ya rasu a 1926.

Tambaya: Me ya sa Kastalski ya koma ga tsofaffin waƙoƙi?