Ƙashin Kwalekwale Da Lambarsa A Littafin Asibiti

'Yan'uwana ɗalibai da malamanmu, na roƙi Edita ya ba ni fili kaɗan in yi magana a kan wani ɗan ƙashi da ke cikin wuyan hannu, wanda girmansa bai fi ƙwallon kashu ba, da kuma lambar da ake rubuta masa a asibiti in ya karye ya ƙi ɗoruwa. Watakila wani ya ce, ina ruwan mai koyon aikin malanta da lambobin asibiti? To, mu ne za a ba kula da wasanni da yamma, mu ne kuma za a fara kawo wa yaro yana riƙe da hannu yana cije baki. Abin da muka rubuta a ran nan, ko muka bari ba mu rubuta ba, shi akawun asibiti zai nema bayan wata shida.

Kowa ya miƙe hannunsa yanzu, ya shimfiɗa yatsu, ya ɗaga babban yatsa baya iyakar ƙarfinsa. Za ka ga wani ɗan rami ya fito a gindin yatsan, tsakanin jijiyoyi. Mutanen Turai na dā a nan suke zuba garin taba su shaƙa. A ƙarƙashin ramin nan ƙashin yake. Ƙasusuwan wuyan hannu takwas ne, sahu biyu, huɗu huɗu, shi kuwa wannan ya gitta tsakanin sahun biyu. Likitoci suna ce masa sikafoid, daga kalmar Girkanci mai nufin ƙaramin jirgin ruwa, domin siffarsa. Wanda ya taɓa tsayawa bakin Binuwai a Jimeta ya ga jiragen masunta ya san siffar, saboda haka ni ƙashin kwalekwale zan riƙa ce masa.

Cikin takwas ɗin nan shi ya fi saurin karyewa, yawanci kuwa ga samari. Mutum ya faɗi, ya tokare ƙasa da tafin hannu, wuyan hannun ya tanƙware baya, sai ƙashin ya tsage, galibi ta tsakiya. Abin haushi, karayar ba ta nuna kanta. Hannu ba ya karkacewa, kumburin kaɗan ne, yatsu suna motsi. Kowa sai ya ce targaɗe ne. Har hoton ƙashi na ranar farko yakan fito sarai kamar babu kome, shi ya sa likita mai lura yakan sa filasta duk da haka, ya ce a komo bayan kwana 10 ko 14 a sake hoto.

Me ya sa yakan ƙi ɗoruwa? Ƙashi da jini yake warkewa. Yawancin jikin wannan ƙashi guringuntsi ya rufe shi, jijiyar jini ba ta da wurin shiga sai ta gefen da ke wajen yatsa, sa'an nan jinin ya komo baya zuwa gefen da ke wajen damtse. In karaya ta raba shi biyu, guntun da ke baya ya zama kamar gonar da aka datse wa lambatu. Sai ya yi ta ramewa, wani lokaci ya mutu. Motsa hannu da wuri yana ƙara ɓata abin, haka ma shan taba. In aka gane da wuri, filasta na mako 6 zuwa 12 yakan isa. In an kai kamar wata shida bakin karayar bai haɗu ba, likitoci sukan ce ta ƙi ɗoruwa.

Na ga irin wannan a Wuro Hausa, inda na yi gwajin koyarwa. Wani saurayi maƙwabcin masaukina, mai tsaron gida ne a ƙwallon unguwa, ya faɗi a kan hannunsa na dama. Aka kai shi wurin mai ɗori, aka ja, aka shafa magani, aka ɗaure kwana kaɗan, zafi ya lafa, ya koma aikinsa na kafinta. Ba na raina masu ɗori, sun tayar da ƙafafu da yawa a ƙasar nan. Amma hannu ba ya iya lalubo tsagar da hoto ma yakan ɓata. Bayan wata takwas guduma ta gagare shi. Da aka je asibiti aka tambaye shi ranar da ya faɗi, sai ya ce, "Wajen ƙarshen damina ne." Uwarsa ta ce a'a, kafin Sallah ne.

Nan ne maganar lamba ta shigo. Ina da wani wa, ɗan kawuna, akawu ne a ɗakin kati na wani asibiti, shi ya buɗe mini littafin ya nuna mini. Kowace cuta da kowane rauni suna da lamba guda wadda duk duniya aka yarda da ita, don abin da aka rubuta a Yola a gane shi a Kano ko a Janiba ba sai da tafinta ba. Wani Bafaranshe, Jacques Bertillon, shi ya tsara jerin da ƙasashe suka fara karɓa a 1893, amma na abubuwan da ke kashe mutane ne kaɗai. Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi aikin a 1948, aka ƙara cututtuka da raunukan da ba su kai ga kisa ba. An amince da bugu na 10 a 1990, na 11 kuwa ya fara aiki ran 1 ga Janairu, 2022. Wanda yayana ya nuna mini na 10 ne, littafi uku, ana kiransa ICD-10.

Ga yadda abin yake. Sabuwar karayar ƙashin kwalekwale lambarta S62.0. Harafin S na raunuka ne, 62 karaya ce a wuyan hannu da tafi, sifirin nan kuwa shi ne ƙashin namu. Amma in karayar ta tsufa ta ƙi ɗoruwa, sai ta tashi daga babin raunuka ɗungum ta koma babin cututtukan ƙashi da gaɓoɓi, a rubuta M84.1. In ana so a nuna wurin, a ƙara 4, watau hannu, ya zama M84.14. Tana da maƙwabta biyu waɗanda ba a so a rikita su da ita. M84.0 ƙashi ne da ya ɗoru amma a karkace. M84.2 kuwa wanda ya yi nawa ne, yana kan hanya bai iso ba tukuna. Ku duba fa, ƙashi ɗaya, hannu ɗaya, mutum ɗaya, amma lamba huɗu. Abin da ke raba su shi ne hoto da kwanan wata. Akawu kuwa ba shi da ikon ya yi wa kati duba. Abin da likita ya rubuta shi zai juya ya zama lamba, likita kuma da abin da aka gaya masa zai yi lissafi.

Mutanen Amurka sun yi wa littafin nasu gyara, suka fara aiki da shi ran 1 ga Oktoba, 2015. Su ba sa ƙaura da karayar zuwa wani babi. Suna barin lambar raunin, su tsawaita ta har ta faɗi ko dama ko hagu, ko tsakiya ko gefe, sa'an nan su liƙa harafi a ƙarshe. A, ana cikin jiyyar farko. D, tana warkewa lafiya. G, ta yi nawa. K, ta ƙi ɗoruwa. P, ta ɗoru a karkace. Misali S62.021K, karaya ce ta tsakiyar ƙashin, ta goce, hannun dama, ta kuma ƙi ɗoruwa. A ganina wannan ya fi kyau, domin lambar ba ta manta asalin ciwon ba. Amma akwai wata ƙa'ida tasu da ta ba ni dariya. Wanda ya yi jinkiri bai nemi jiyya ba sai bayan ƙashin ya riga ya ƙi, A za a sa masa, ba K ba, wai yanzu ne aka fara. Kafintanmu ke nan, da a can yake.

Kada a ce wasan akawu ne kurum. Da lambobin nan asibiti ke ƙidaya abin da ya fi damun jama'a a ƙarshen shekara, da su ake sanin ko ana bukatar likitan ƙashi ko injin hoto. Da sunan ciwon da aka rubuta ake neman kuɗi wurin masu inshorar lafiya, wadda dokar 2022 ta wajabta a Nijeriya. Kuɗin kuwa ba ɗaya ba ne. Sabuwar karaya filasta ce. Wadda ta ƙi ɗoruwa aiki ne na fiɗa: a buɗe, a kankare bakin karayar, a ɗebo ɗan ƙashi daga ƙugu ko damtsen mutumin a cusa a tsakani, a ɗaure da sukuru marar kai, irin wanda wani likita, Timothy Herbert, ya bayyana a 1984. In aka rubuta tsohuwa da lambar sabuwa, takarda za ta ce abu kaza, jiyya ta ce abu kaza, mai ciwo ne zai yi ta zarya tsakanin taga da taga. In kuma aka ƙyale ƙashin haka nan, a kwana a tashi gaɓar takan cinye kanta, amosani ya kama wuyan hannun.

A nan Yola ana iya samun hoton ƙashi a Asibitin Ƙwararru na Jimeta, da Asibitin Koyarwa na Jami'ar Modibbo Adama. Akwai kuma Asibitin Ƙashi na Dala a Kano, wanda aka kafa a 1959, amma tafiyar da nisa, kuɗin mota kaɗai ya ishi talaka tunani.

To, ga abin da ya rataya a wuyanmu. In ɗalibi ya faɗi a kan tafin hannu, ka danna ramin tabar nan da yatsanka a hankali. In ya zabura, kada ka ja, kada ka murza. Ka ɗaure hannun a jikin ɗan katako ko kwali mai kauri har da babban yatsan, ka rataye masa a wuya da ƙyalle. Sa'an nan ka ɗauki takarda ka rubuta sunansa, da ranar, da watan, da shekarar, da hannun da ya bugu, dama ko hagu, da yadda ya faɗi. Ka yi biyu. Ɗaya ta bi shi asibiti a hannun mahaifinsa, ɗaya ka manna a littafin makaranta, kusa da rajistar ajinsu.