Kafin ka ɗaure sitabilaiza

Ɗana, tunda yanzu ka fara karɓar aiki da kanka, zo mu yi magana a kan wani ƙarfe da matasan kanikawa ke rainawa. Sitabilaiza nake nufi, doguwar sandar nan da ta gitta ƙarƙashin mota, bakinta biyu a lanƙwashe, kowanne yana riƙe da ƙafa ɗaya ta hanyar linkeji.

In tayoyi biyu suka hau tudu tare, ba ta da aiki, juyawa kawai take yi a cikin bushin da ke riƙe da ita. Sai an sha kwana, nauyi ya koma gefe guda, sannan take murɗewa kamar yadda ake matse wanki, ta hana jikin mota kwanciya. Shi ya sa mutum zai yi wata da watanni babu ita a miƙaƙƙiyar hanya, bai ji komai ba. Sai ranar da akuya ta faɗo titi, ya kauce da gudu. Saboda haka in direban Hiace ko Sharon ya ce maka linkeji ya dame shi da ƙara, a cire a yar, ka lallashe shi har ya sayi sabo. Mota ce mai tsayi, ga fasinja a ciki, ga kaya a sama, kuma rayukan nan ba nasa ba ne shi kaɗai.

In za ka ɗaura, ka ɗaga ƙafafu biyun gaba ɗaya. Wanda ya ɗaga gefe guda ya riga ya murɗe sandar, noti ba zai shiga raminsa ba, in kuma ta kuɓuce tana iya fasa masa hannu. Kada ka shiga ƙarƙashin motar da jak kaɗai ke riƙe da ita, bulo ma ba abin dogaro ba ne; ka kafa mata matokarin ƙarfe. Kafin ka kwance tsohuwar, ɗauki hotonta da wayarka, domin sandar nan tana yarda a sa ta a kife, ba za ka gane ba sai ta fara gugar wani abu.

Wurin da nake so ka fi natsuwa shi ne linkeji. Sau da yawa wuyansa yana juyawa tare da noti, sai ka ga yaro ya damƙe shi da filaya daidai kan robar da ke rufe da shi. Da zarar robar nan ta yage, ƙura da ruwa sun samu ƙofa, ba da jimawa ba ƙara za ta dawo. Duba kan wuyan da kyau: galibi akwai ramin alanki, ko wurin da ƙaramar sifana za ta kama. Riƙe nan, ka murɗa noti. Kuma linkeji biyu ake canzawa tare. Bushin na roba kuwa, kada ka shafa masa giris ko baƙin mai, suna cin roba. Ka fara ɗaure komai sama-sama, ka sauke motar ta tsaya da nauyinta a bisa rami, sannan ka yi ɗaurin ƙarshe.

Za ka gamu da masu son sanda mai kauri. Ka sani ƙarin kauri kaɗan ba ƙaramin abu ba ne: daga milimita 20 zuwa 22, taurinta yana ƙaruwa da kusan kashi 46 cikin ɗari. In a baya aka sa mai taurin, bayan motar zai riƙa zamewa a kwana. In a gaba ne, za ta riƙa ƙin bin sitiyari. Ni dai shawarata, ka tsaya a kan kaurin da kamfani ya sa. In ka je kasuwar Ƙofar Ruwa neman ta hannu, tafi da tsohuwar ka gwada su gefe da gefe. Wadda ta karye kuma ba a yi mata walda, ba a gasa ta a miƙe, domin wuta tana kashe taurin ƙarfen.

In ka gama, juya sitiyari har ƙarshe dama da hagu, ka tabbata sandar ba ta taɓa tiyon birki. Bi da motar ta gargada a hankali, kana saurare. Ka ce wa mai ita ya dawo bayan mako guda ka sake bin notocin. Allah ya yi wa hannunka albarka.