An Yi Jinya a Gida, Inshora Ta Ƙi Biya: Ina Gizo Ke Saƙar?

TAMBAYA

Ni ma'aikaciyar jinya ce, na daɗe ina aiki a Amurka. Bara na buɗe ɗan ƙaramin kamfani, muna tura ma'aikata gidajen tsofaffi da masu lalura, a yi musu wanka da girki, a tuna musu shan magani, wasu kuma a wanke musu ciwo. Yawancinsu inshorar gwamnati ta Medicaid ke biya musu, kaɗan kuma ta Medicare. Aiki muna yi tsakani da Allah, amma idan na tura takardun neman biya ta intanet, wasu a dawo da su, wasu a ƙi biya, wasu kuma shiru. Ga albashin ma'aikata ba ya jira, har na fara taɓa kuɗin adashina. Ina nake kuskure?

Daga wata 'yar'uwa a Amurka

AMSA

Hajiya, Allah Ya saka miki da alheri a kan hidimar da kike yi wa iyayen mutane. Ki kwantar da hankalinki, wannan ciwo ne mai magani. Sai dai maganin ba a inda kike nemansa yake ba. Kina zargin lokacin turawa, alhali yawancin takardun da ake ƙin biya sun lalace tun kafin a zauna gaban kwamfuta: a ranar da aka karɓi mara lafiya, ko a bakin ƙofarsa lokacin da ma'aikaciya ta shiga. Tun ran gini, tun ran zane.

Ki riƙe wannan a ranki: kwamfutar inshora ba ta ganin guminki, ba ta san tsohuwar da kika ɗaga ba. Abin da take yi kawai shi ne ta gwada bayanin da kika aiko da wanda ke hannunta. Idan sun zo daidai ta biya, idan harafi ɗaya ya saɓa ta tsayar. Aikinki ke nan, ki sa su zo daidai.

Hanyar da takarda ke bi

Dokar HIPAA ta 1996 ce ta sa aka daidaita tsarin aika bayanan lafiya ta kwamfuta a duk faɗin ƙasar. Takardar neman biya sunanta 837, kuma iri biyu ne suka shafe ki. Akwai 837I ta cibiyoyi, wadda ita ce madadin fom ɗin UB-04, kuma ita Medicare ke karɓa daga kamfanonin jinya a gida. Akwai 837P, madadin fom ɗin CMS-1500, wadda jihohi da yawa ke karɓa a kan aikin wanka da girki da makamantansu. Littafin ƙa'idojin kowane mai biya ya faɗi wadda yake so.

Takardar kan fita daga manhajarki, ta biya ta hannun kamfanin tsakani mai tace takardu, wanda matsayinsa kamar na dillali ne a kasuwa, sannan ta isa ga mai biya. A hanya za a aiko miki da amsoshi uku. Ta farko 999, mai cewa ƙunshin ya iso kuma tsarinsa ya karantu. Ta biyu 277CA, mai faɗin wace takarda aka shigar, wace aka koro. Ta uku 835, mai bayyana abin da aka biya da abin da aka hana da dalili.

Shirun da kika ambata, sau da yawa a nan yake. An koro takardar tun a mataki na biyu, rahoton yana kwance a manhaja ba a buɗe ba, ke kuma kina can kina jiran kuɗi.

Korowa daban, ƙin biya daban

Wanda bai rarrabe waɗannan biyu ba zai yi ta wahala. Takardar da aka koro ba ta shiga ba sam. A wajen mai biya tamkar ba ki aiko komai ba, kuma wa'adin turawa yana ci gaba da tafiya. Maganinta ki gyara ki sake turawa nan take.

Wadda aka ƙi biya kuwa ta shiga, an duba ta, an yanke hukunci. Idan kika sake tura ta yadda take, za a ce maimaici ce a sake hana ta. A nan sai dai ki tura ta gyara mai alamar 7, tare da lambar takardar farko, idan mai biya ya yarda da haka, ko kuma ki ɗaukaka ƙara.

Rahoton 835 da lambobi yake magana, kuma biyar daga ciki sun cancanci ki haddace su: 16 bayani bai cika ba, 18 maimaici, 27 inshorar ta ƙare kafin ranar aikin, 29 wa'adi ya wuce, 197 babu izini. Ki ɗauko rahotannin wata uku da suka wuce, ki ƙirga wace lamba ta fi fitowa. Ita ce tsagar bangon da ƙadangare ke shiga.

Ranar karɓar mara lafiya

Ki fara da suna. Mu mun san Muhammad da Mohammed da Muhammadu mutum ɗaya ne, haka A'isha da Aishatu. Kwamfuta ba ta sani ba. Ki ɗauki hoton katin gaba da baya, ki rubuta sunan harafi da harafi yadda yake a jiki, ko da kin ga an rubuta shi ba daidai ba. Haka ranar haihuwa: mu mun saba fara rubuta rana kafin wata, Amurkawa wata suke farawa da shi. 03/04 a wajenmu 3 ga Afrilu ne, a wajensu 4 ga Maris. Idan ma'aikaciyar ofishinki ba ta daɗe da zuwa ba, ki zauna da ita a kan wannan.

Lambar Medicare ta mara lafiya tana da haruffa da alƙaluma 11, kuma tun Janairun 2020 ita ake karɓa, an daina tsohuwar. Lambar shaidar kamfaninki, wato NPI, alƙaluma 10 ce, kuma dole sunan kamfani da adireshi da lambar haraji su yi daidai da abin da kika yi rajista da shi.

Sannan ki tabbatar inshorar tana raye, ba sau ɗaya ba, a farkon kowane wata. Ana sabunta Medicaid lokaci-lokaci, tsoho kan ajiye wasiƙar sabuntawa bai buɗe ba, a yanke shi ba wanda ya sani. Masu Medicare kuma daga 15 ga Oktoba zuwa 7 ga Disamba sukan sauya tsari, sauyin ya fara aiki 1 ga Janairu. Wanda ya koma Medicare Advantage, wato tsarin da ke hannun kamfanoni masu zaman kansu, kamfanin da ya koma ne zai biya ki, kuma da nasa sharuɗɗan. Idan mutum yana da inshora biyu, Medicaid ita ce ta ƙarshe, sai an fara neman ɗayar a kan duk aikin da take ɗauka.

Izini da ƙidayar sa'o'i

A jihohi da yawa lambar aikin kula da jiki ita ce T1019, kuma kowane minti 15 ma'auni ɗaya ne. Idan an ba da izinin awa 20 a mako, ma'auni 80 ke nan. Ma'aikaciya ta ji tausayin tsohuwa ta yi awa 22, kika nemi 88, to takwas ɗin nan ba za a biya ba, wani lokaci ma su jawo a tsayar da takardar baki ɗaya. Tausayi abu ne mai kyau, amma idan buƙatar mara lafiya ta ƙaru, ki nemi a sake auna shi a ƙara sa'o'in a rubuce. Ki kuma rubuta ranar ƙarewar kowane izini, ki fara neman sabuntawa makonni kafin ta zo.

Bakin ƙofa

A 2016 aka yi dokar da ta wajabta wa jihohi tabbatar da ziyara ta na'ura a ayyukan Medicaid, abin da ake kira EVV. An sa wa aikin kula da jiki wa'adin 2020, jinya a gida kuma 2023. Abu shida ake son na'urar ta kama: irin aikin, wanda aka yi wa, wanda ya yi, rana, wuri, da lokacin farawa da gamawa.

A jihohi da dama, idan takardarki ta ce awa huɗu, na'ura ta ce uku da rabi, ba za a biya ba. Ma'aikaciya ta manta danna fita, ko ta danna shiga tana tashar bas, ko cajin wayarta ya ƙare, duk ke za su dawo wa. Don haka kowace safiya a duba ziyarorin jiya, a gyara abin da ya karkace tare da rubuta dalili tun abin yana sabo a ƙwaƙwalwa. Da zafi-zafi akan bugi ƙarfe. Kada takarda ta fita sai ziyararta ta tabbata. Ki kuma zauna da ma'aikatanki ki fahimtar da su cewa danna wayar nan ba sa ido ba ne, albashinsu ne ke ciki.

Medicare da nata sharuɗɗan

Medicare ba ta biyan wanka da girki su kaɗai. Sai mara lafiya ya kasance fita daga gida tana yi masa wuya ƙwarai, kuma yana buƙatar aikin ƙwararru, kamar na nas ko mai gashin ƙashi. Dole likita ko wanda doka ta ba dama ya gan shi cikin kwana 90 kafin fara aiki ko kwana 30 bayan farawa, a kan lalurar da ta sa ake jinyar. Tsarin jinya na kwana 60 ne, kuma sai an sa masa hannu da kwanan wata kafin ki nemi kuɗi.

Tun Janairun 2020 biyan ya koma zango-zango na kwana 30. Tun Janairun 2022 kuma dole ki tura sanarwar karɓar mara lafiya, wato NOA, cikin kwana 5 daga fara aiki, har da Asabar da Lahadi a lissafin. Idan kika makara, za a zaftare kashi ɗaya cikin talatin na kuɗin zangon a kan kowace rana, tun daga ranar farawa har ranar da kika tura. Haka bayanan tantance mara lafiya na OASIS, sai an tura an karɓa kafin takardar ƙarshe ta fita. Lambar cutar kuma, daga jerin ICD-10 da ake aiki da shi tun 1 ga Oktoba 2015, ta zama takamaimai, ta kuma dace da abin da likita ya rubuta.

Idan komai ya zauna daidai, Medicare kan fara sakin kuɗin takardar intanet daga rana ta 14, ta hannu kuwa sai rana ta 29.

Wa'adi

Medicare ta ba da shekara ɗaya daga ranar aiki. Medicaid ta jihar New York kwana 90 ta ba da, kamfanoni masu zaman kansu kuma kowa da nasa a cikin yarjejeniyar da kika sa wa hannu. Ɗaukaka ƙara ta farko a Medicare kwana 120 ne daga samun hukunci. Ki rubuta waɗannan a takarda ɗaya ki manna a bango. Ki riƙa adana rahoton 277CA, don shi ne shaidarki idan aka ce kin makara.

Tsarin mako

Ki ware rana ɗaya ta turawa kowane mako, kada ki bari su taru sai ƙarshen wata. Washegari ki buɗe amsoshin, duk wadda aka koro a gyara ta a ranar. Idan kuɗi ya shigo, ki gwada shi da 835 layi bayan layi. Duk takardar da ta kai kwana 30 ba labari, ki kira, ki rubuta rana da sunan wanda kika yi magana da shi da lambar kiran. Idan kin ɗauki mai yi miki wannan aiki, ki ƙulla da shi yarjejeniyar kare sirrin marasa lafiya a rubuce kamar yadda HIPAA ta tanada, kuma ki ci gaba da karanta rahotannin da idonki, don da sunanki takardun ke fita. Bayanan mara lafiya kuma kada su bi ta WhatsApp.

Amana

Hajiya, wannan ita ce maganar da ta fi sauran nauyi. Idan aljihu ya matse, wani zai ba ki shawarar cike gurbi: a rubuta ziyarar da ba a yi ba, ko a nemi kuɗin kwanakin da tsoho yake kwance a asibiti, ko ya tafi gida ganin dangi, ko ya tafi Umara. Kada ki kusanci wannan. Asibitin ma ya tura tasa takardar a kan ranakun, kwamfuta za ta haɗa biyun. Dokar hana neman kuɗin gwamnati da ƙarya tana sa a biya ninki uku na abin da aka ci, ban da tara, kuma ana iya hana mutum aiki da Medicare da Medicaid gaba ɗaya. Idan kuma aka biya ki fiye da haƙƙinki bisa kuskure, doka ta ba ki kwana 60 daga gano shi ki mayar. Ramin ƙarya ƙurarre ne, kuma kuɗin nan na marasa ƙarfi ne, cin sa zalunci ne ko da ba a kama mutum ba.

Haƙƙinki kuwa ki bi shi har ƙarshe, kada ki bar ko dala ɗaya saboda gajiya, don albashin matan da ke tashi da asuba su kama bas yana ciki. Gobe da safe, kafin ki tura sabuwar takarda, ki buɗe tsofaffin rahotannin nan ki fara da waɗanda wa'adinsu ya fi kusa. Ina kyautata zaton wani kaso na kuɗin adashinki yana nan kwance, gyaran harafi ɗaya yake jira.

Allah Ya sa albarka a sana'a, Ya ba marasa lafiyarmu sauƙi.