Yadda Za Ka Haɗa Fim da Tsoffin Hotunan Kumbo da Hazon Falgore

Ranar 20 ga Fabrairu 1962 ɗan sama jannatin Amurka John Glenn ya kewaya duniya sau uku. Da ya biyo ta samanmu, ya shaida wa tashar NASA da ke Kano a lokacin cewa yana hango ƙura ta turnuƙe. Fim ɗinmu na minti biyar zai sada hangensa na sama da ganinmu na ƙasa. Ba jarumi, ba waƙa.

1. Sauko da hotunan. Shiga shafin NASA ko Internet Archive, ka nemi Friendship 7, sunan kumbon Glenn, da Apollo 11 na 1969. Galibin hotunan NASA kowa na iya amfani da su. Guji na YouTube, sau da yawa an ɗora musu kiɗa mai haƙƙin mallaka.

2. Kalle su sau biyu. A na biyu riƙe biro, ka rubuta minti da daƙiƙar duk wurin da ya taɓa maka zuciya. Guntu goma sun isa.

3. Jira hunturu. Fita bayan asuba, ka kwantar da wayar a gicciye, ka jingine ta da dutse. Ɗauki rana tana fitowa cikin hazo, shanu suna tayar da ƙura, ruwan Tiga yana kwance. Kowane ɗauka ya kai daƙiƙa 20. Nan sabon hannu ke gaggawa. Sanar da mai unguwa tukuna, kuma kada ka kutsa dajin Falgore ba ɗan gari.

4. Naɗi sauti daban: iska, kukan kurciya, muryar dattijon da ya ji labarin saukar Apollo 11 a duniyar wata a rediyo. Nemi izininsa. Rufe makirufo da safa saboda iska.

5. Buɗe manhajar CapCut. Jera guntun sama, sannan na ƙasa, ka bar kamanni ya yi maka jagora: farin wata ya bi farar rana, hayaƙin roka ya bi ƙurar garke. Wani wurin ɗora ɗaya kan ɗaya, ka rage kaurin na saman. Kada ka miƙe tsohon hoto don ya cika allo, fuskoki za su baje. Dishi-dishinsa ma bar shi, ni a wurina shi ne kyansa.

6. Saka sautin daga ƙarshe. Rubuta sunan NASA a jerin godiya, amma kada ka manna tambarinta. Haska wa mutum uku bayan isha'i, ka yanke inda suka soma duba wayoyinsu.