Daga Ɗan Ciki Zuwa Dashiki: Tafiyar Wata Kalmar Hausa Zuwa Amurka

Gabatarwa

Mun saba nazarin kalmomin da Hausa ta aro daga Larabci da Turanci, amma ba kasafai muke waiwayar waɗanda ta bayar aro ba. A wannan muƙala zan bi sawun kalma ɗaya wadda ta bar ƙasar Hausa, ta shiga tarihin ɗinki da ɗaukar hoto a Amurka cikin ƙarni na 20.

Asalin Kalmar

Ɗan ciki, ko 'yar ciki, ita ce ƙaramar rigar da namiji ke sakawa ƙarƙashin babbar riga. Yarabawa sun ari sunan ta hanyar cuɗanya da fatake, suka ce danshiki. Dalilin sauyin a fili yake: Yarabanci ba shi da sautin /ɗ/ ko /c/, sai ya maye gurbinsu da /d/ da /sh/. Da kalmar ta shiga bakin Amurkawa sai /n/ ta faɗi, ta koma dashiki. Ma'anarta ma ta sauya, domin rigar ciki ta zama rigar fita kunya.

Yadda Ta Samu Karɓuwa

A farkon ƙarni na 20, manyan mujallun ado irin su Vogue, wadda aka kafa a 1892, su ke yanke hukuncin abin da ake kira kyau, kuma fararen fata suka cika shafukansu. Sai a 1974 baƙar mace, Beverly Johnson, ta fara fitowa a bangon Vogue ta Amurka.

Kafin nan baƙaƙen fata sun nema wa kansu mafita. A 1962, mai ɗaukar hoto Kwame Brathwaite da abokansa suka shirya bikin nunin sutura a unguwar Harlem ta birnin New York, inda 'yan mata suka fito da tufafin Afirka da gashinsu na asali. Hotunansa sun taimaka wajen yaɗa ra'ayin cewa baƙar fata abar alfahari ce. A 1967 kuma kamfanin ɗinki na New Breed, a Harlem ɗin, ya fara sayar da riguna da sunan dashiki. Nan da nan rigar ta zama tambarin masu fafutukar neman 'yanci. A ganina, tela ne ya ɗinka rigar, amma hoto ne ya yi mata shela.

Darasi Gare Mu a Mubi

Amurkawa na iya rubuta wannan tarihi saboda sun adana hotunansu da shekarunsu. Mu fa? Mubi gari ne na bakin iyaka, inda atamfar Kamaru da shadda da ɗinkin Barebari suka haɗu a kasuwa ɗaya, kuma ake jin Hausa da Fulatanci da Gude da Fali. Hotunan aure da na salla da iyayenmu suka ɗauka a shagunan masu hoto shaida ce ta yadda sutura ta sauya. Mamayar da Boko Haram ta yi wa garin a Oktoban 2014, lokacin da jama'a suka gudu suka bar kayansu, ta nuna mana cewa irin wannan taska na iya salwanta dare ɗaya. Haka kuma dattawan da suka san bambancin saƙi da tsamiya da barage, ko aska biyu da aska takwas, kullum raguwa suke yi.

Kammalawa

Shawarata ga 'yan'uwana ɗalibai ita ce, kowa ya nemi tsohon hoto ɗaya a gida, ya zauna da kaka ko wani tsohon tela, ya rubuta shekarar hoton, da sunan kowace tufa, da harshen da sunan ya fito. Wannan kaɗai ya isa batun kundin digiri, kuma hannu da yawa maganin ƙazamar miya.