Wa Ke Magana a Gaban Kyamara? Darasi Daga Fim Ɗin Trinh Minh-ha

'Yan uwa ɗalibai, musamman 'yan sashen aikin jarida da ke shirin haɗa fim ɗin gaskiya a matsayin furojet, ga wata mata da ya kamata mu sani.

Sunanta Trinh T. Minh-ha. An haife ta a Hanoi ta ƙasar Biyetnam a 1952, ta tafi Amurka karatu a 1970 ana tsaka da yaƙi. Da birnin Saigon ya faɗi a 1975, dubban ɗaruruwan 'yan ƙasarta suka yi gudun hijira, da yawa a cikin ƙananan jiragen ruwa. A 1989 ta fitar da fim a kan matan Biyetnam na gida da na waje, mai suna Surname Viet Given Name Nam, wato sunan dangi Biyet, sunan yanka Nam.

Ga inda darasin yake. A kashin farko za ka ga mata suna ba da labarin wahalar rayuwa bayan yaƙi, cikin Turancin da ba ya fita sosai. Kai dai ka ɗauka a Biyetnam aka ɗauke su. Ashe 'yan hijira ne mazauna Kalifoniya, kuma kalmomin ba nasu ba ne. Wata marubuciya, Mai Thu Van, ita ta yi ainihin hirar da wasu mata a Biyetnam, ta buga da Faransanci, Trinh ta mayar Turanci, waɗannan suka hardace. Sai a kashi na biyu ta tona asirin da kanta: matan suka koma harshensu, suka yi maganar tasu rayuwar a Amurka.

To me ya sa ta yi haka? Don ta nuna cewa maganar ɗan hijira kan bi ta hannu da yawa kafin ta iso kunnenmu, kuma kowane hannu yana rage wani abu ya ƙara wani. Matan kansu a tsakiya suke: jikinsu a Amurka, bakinsu na ɗauke da labarin gida.

Abu uku za mu ɗauka. Na farko, hira ba gaskiya tsagwaronta ba ce. Kai ka zaɓi tambaya, kai ka yanke amsa. Na biyu, fassara amana ce. In ka yi hira da wata dattijuwa da Hausa ka rubuta Turanci a ƙasan allo, ka tabbata abin da ta faɗa ne, ba abin da ka so ta faɗa ba. Na uku, ka tambayi mutum yadda yake so a nuna shi, kamar yadda Trinh ta tambayi matan nan.

Maki dai zango ɗaya ne ya wuce. Amma wanda ka ɗauka, da wannan hoton za a riƙa tuna shi.