Amsoshin Tambayoyinku: Ɗan majalisar jiha da ya shekara 64 a kujera

Wani mai sauraronmu daga Zariya yana tambaya, wane ne ya fi kowa daɗewa a majalisar dokokin jiha a Amurka?

To malam, sunansa Fred Risser, ɗan jam'iyyar Democrat daga jihar Wisconsin. An haife shi a birnin Madison a 1927. Ya yi aikin sojan ruwa lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, daga baya ya zama lauya. An fara zaɓensa a 1956, ya koma majalisar dattawan jihar a 1962, bai sauka ba sai watan Janairun 2021, yana da shekara 93. Shekara 64 ke nan, ka ga wanda aka haifa ranar da ya shiga majalisa ya riga ya ga jikoki.

Abin gado ne kuwa, domin mahaifinsa da kakansa da uban kakansa duk sun zauna a majalisar dokokin jihar.

A 2011, da gwamna Scott Walker ya kawo ƙudurin rage wa ƙungiyoyin ma'aikata ƙarfi, Risser yana cikin sanatoci 14 da suka tsallaka zuwa jihar Illinois don majalisa ta rasa adadin da za ta kaɗa ƙuri'a. Yana da shekara 83 a lokacin. Ƙudurin dai ya zama doka.

Ni abin da ya fi burge ni shi ne naci. Shekara da shekaru yana neman a hana shan taba a wuraren aiki da gidajen abinci, sai a 2010 dokar ta fara aiki.